Ƙarar da lokaci ya cinye: me ya sa kotu ke cewa ba sauran abin yankewa?

Baban Ummi: Assalamu alaikum 'yan zaure. Akwai abin da ke ɗaure wa mutane kai a labaran kotu. Mutum zai kai ƙara, a yi ta ɗage zama shekara biyu ko uku, ranar hukunci kuma alƙali ya ƙi faɗin wanda ke da gaskiya, wai lokaci ya riga ya wuce da maganar. To wa ya ɓata lokacin in ba kotun ba? Masana shari'a ku warware mana: wace ƙa'ida ce wannan, yaushe take aiki, kuma da me mai ƙara zai kare kansa?

Lauyan Zage: Wa alaikumus salam Baban Ummi. Ƙa'idar tsohuwa ce. Lauyoyin Najeriya na ce wa irin wannan ƙara akademik, wato ta koma darasin aji. Ma'auninta tambaya ɗaya ce: in alƙali ya ba mai ƙara gaskiya yau, me zai shiga hannunsa gobe? Idan akwai gonar da zai karɓa, ko kujerar da zai hau, ko kuɗin da za a biya shi, ƙara na nan daram. Idan kuwa babu komai sai sanyin zuciya, kotu kan janye hannunta. Tushen abin yana sashe na 6 na Kundin Tsarin Mulkin 1999: ikon da aka ba kotu na raba gardama ne tsakanin masu jayayya a kan haƙƙi da wajibi, ba na amsa tambayoyin ilimi ba. Marigayi Mai Shari'a Niki Tobi ya siffanta irin ƙarar da cewa amo ce kawai ba komai a ciki, ko an ba mai ita nasara ba abin da za ta tsinana masa.

A kuma bambance abu biyu. Akwai ƙarar da tun ranar da aka shigar da ita ba ta da tushe, an gina ta a kan "in da kaza zai faru". Akwai kuma wadda ta shigo lafiya lau, wani abu ya same ta a hanya: wa'adin kujerar da ake rigima a kai ya ƙare, ko an rushe ginin da ake neman hana rushewa, ko majalisa ta soke dokar da ake ƙalubalanta, ko ɓangarorin sun sasanta a waje. Tambayar Baban Ummi a kan ta biyun take.

Baba Rajistara: Kafin ku yi nisa, yarana, a gyara wata kalma. Gidajen rediyo da jaridu sukan ce "kotu ta yi watsi da ƙara" ko "ta yi fatali da ita" ko "ta kore ta", duk a jaka ɗaya. A rajista ba haka ba ne. Share ƙara daga jerin shari'o'i daban, korar ƙara daban. Wadda aka share ba a taɓa gundarinta ba, mai ita na iya sake shigarwa ko ya roƙi a dawo da ita in akwai dalili kuma lokaci bai kuɓuce masa ba. Wadda aka kora bayan an saurare ta, bakin alƙalami ya bushe, ba a sake kawo maganar tsakanin mutanen nan sai ta hanyar ɗaukaka ƙara. Ƙarar da ta zama akademik, abin da ya dace da ita sharewa ne, tunda ba a auna hujjar kowa ba. Lauyan da ya ji alƙali ya furta kora a nan ya yi shiru, ya cuci wanda yake karewa.

Ɗalibar Doka: Baba, Allah ya ƙara girma. Amma in abin ya riga ya wuce, ina amfanin a ce ana iya sake shigarwa? Ai duk ɗaya ne.

Baba Rajistara: Ba ɗaya ba ne 'yata. Ɗauki mai shagon da hukuma ta ba takardar tashi, ya kai ƙara, hukuma ta janye takardar, aka share ƙarar. Bayan wata takwas aka sake manna masa wata. In sharewa aka yi, gobe da safe zai koma rajista. In kora aka rubuta, abu na farko da lauyan hukuma zai ɗaga shi ne an riga an yanke wannan magana, sai a shafe wata shida ana jayayya a kan hakan kafin a zo kan shagon.

Malamin Jami'a: Bayanin Barista daidai ne a littafi, amma korafin Baban Ummi na da ƙarfi, kada mu share shi. Ku dubi Filato. Ranar 18 ga Mayu 2004 Shugaba Obasanjo ya sa dokar ta-ɓaci bayan kashe-kashen Yelwan Shendam, ya dakatar da Gwamna Joshua Dariye da majalisar jiha, ya naɗa Janar Chris Alli mai ritaya kantoma. Aka garzaya Kotun Ƙoli da tambaya mai nauyi: sashe na 305 ya ba shugaban ƙasa ikon dakatar da zaɓaɓɓen gwamna? Dokar ta-ɓaci wata shida ce, ta ƙare a Nuwamba 2004, Dariye ya koma kujerarsa. Kotu ba ta yi magana ba sai farkon 2006, ta share ƙarar, ta ce waɗanda suka shigar da ita da sunan jiha ba su da izinin kantoman da ke riƙe da jihar a lokacin, ga shi kuma abin ya riga ya wuce. Watanni kaɗan bayan nan, a Oktoba 2006, aka maimaita a Ekiti. A Maris 2025 aka maimaita a Ribas, nan ma wata shida suka cika, Gwamna Fubara ya koma ofis a Satumba, Kotun Ƙoli ba ta furta komai ba sai Disamba. Duk matakin gwamnati da ransa bai wuce wata shida ba, ya fi kotu gudu ke nan. Wannan ba ƙaramar kafa ba ce.

Lauyan Zage: Dakta, na yarda da tarihin. Sai dai ka duba ɗaya gefen. Alƙalan Kotun Ƙoli ba su wuce 21 ba in an cika su, ga ƙararrakin filaye da na masu jiran hukuncin kisa sun yi shekaru a layi. Zaman da aka yi a kan rigimar da ta mutu, an ƙwace shi ne daga wanda tasa ke ci masa tuwo a ƙwarya. Sannan akwai ingancin hukuncin kansa. Wanda ba abin da zai rasa ba ya dagewa, lauyansa ba ya tono. Hukuncin da ya fito daga gardamar da ɓangare ɗaya ke yi da rabin zuciya, shi zai ɗaure kowa shekara talatin.

Malamin Jami'a: To ai wasu ƙasashe sun san wannan, suka kuma buɗe ƙofa. A shekarar nan ta 2006 da aka share ƙarar Filato, a Filifin Shugaba Gloria Arroyo ta ayyana dokar ta-ɓaci ranar 24 ga Fabrairu, ta janye ta bayan mako ɗaya tak. Lauyoyin gwamnati suka ce ba sauran magana. Kotun Ƙolinsu ta ƙi, ta yanke hukunci a watan Mayu, ta ce ko abu ya wuce za ta duba shi idan akwai babban keta tsarin mulki, ko maslahar jama'a ta yi nauyi, ko ana buƙatar shimfiɗa ƙa'idar da alƙalai da lauyoyi za su bi, ko kuma abin irin wanda kan dawo ne amma kullum ya ƙare kafin kotu ta cim masa. Ta kuwa ce kama mutane ba takarda da kutsawa gidan jarida da aka yi sun saɓa doka.

Wannan dalili na ƙarshe daga Amurka ya fito, tun wata shari'ar kamfanin jiragen ƙasa a 1911. Shi aka yi amfani da shi a shari'ar Roe a 1973, kan dokar hana zubar da ciki: ciki kwana 266 ne a ƙiyasin kotun, ba ƙarar da za ta kai Kotun Ƙoli kafin mace ta haihu, don haka in aka ce haihuwa ta kashe ƙara, ba ranar da za a taɓa duba dokar. A Ingila ma, tun shari'ar Salem ta 1999 aka yarda kotun sama na iya sauraron ƙarar da ta mutu idan da hukuma ake yi, batun fassarar doka ne tsantsa, kuma akwai ire-irenta da yawa a hanya. Ba cewa ake a saurari kowace ba. A dai bar wa alƙali zaɓi.

Uwar Marayu: Ku manyan malamai kun tafi sama. Bari in dawo da mu inda talaka yake, don mafi yawan ƙararrakin da ke mutuwa ba kotu ce ke kashe su ba, rubutun farko ne. Kotu ba ta duba labarin da ka bayar don ta gane ko ƙara na da sauran amfani, buƙatun da ka jera a ƙarshen takarda take dubawa, ɗaya bayan ɗaya. Wanda ya roƙi abu ɗaya kacal, a hana kaza, ranar da kazan ya auku ƙararsa ta gama aiki.

Misali tsare mutum. Ɗan'uwanka na hannun 'yan sanda kwana goma ba a kai shi kotu ba, lauya ya shigar da ƙarar kare haƙƙi ya roƙi a sake shi, shi ke nan. Ana kai musu sammaci suka ba da belinsa. Ranar zama lauyansu zai miƙe ya ce ga mutumin can zaune a benci, me ya rage? Ba abin da ya rage kuwa. Da an rubuta buƙatu uku, a bayyana cewa tsarewar daga ranar kaza zuwa ranar kaza haramtacciya ce, a sake shi, a biya diyyar naira kaza tare da neman afuwa, da sakin ya kashe ta tsakiya kawai. Sashe na 35(6) ya ce wanda aka kama ko aka tsare ba bisa ƙa'ida ba yana da haƙƙin diyya da neman afuwa a bainar jama'a. Sashe na 46 kuma ya ambaci haƙƙin da aka riga aka keta, da wanda ake ketawa, da wanda ake shirin ketawa, duka ukun.

Kowa ya ga wannan a aikace. An tuɓe Sarki Muhammadu Sanusi II ranar 9 ga Maris 2020, aka kai shi Loko, daga nan Awe a Nasarawa. Ranar 13 ga wata Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta ba da odar wucin gadi, ya fito. Ƙarar ba ta tsaya nan ba. A ƙarshen Nuwamba 2021 kotun ta ce korarsa daga Kano da tsarewar sun saɓa tsarin mulki, ta yanke diyyar naira miliyan 10 da neman afuwa a jaridu biyu.

Malamin Jami'a: Hajiya ta taɓo inda ko a Amurka ake faɗuwa. Marco DeFunis ya kai Jami'ar Washington ƙara a kan hana shi gurbin karatun lauya, ƙaramar kotu ta sa aka ɗauke shi, kafin Kotun Ƙoli ta zauna a 1974 yana zangon ƙarshe, jami'ar ta ce ko yaya hukunci ya kasance zai kammala. Alƙalai biyar cikin tara suka ce ba sauran abin yankewa, domin gurbi kaɗai ya roƙa kuma ya samu. A 2021 kuwa, wani ɗalibi Chike Uzuegbunam da kwalejinsa a jihar Jojiya ta hana wa'azi a harabarta, kwalejin ta sauya dokar don ƙarar ta mutu, amma ya roƙi diyyar je-ka-na-yi-ka, irin ta dala ɗaya. Alƙalai takwas suka ce wannan dalar ta isa ta riƙe ƙarar.

Akwai ma wanda ya shafe mu kai tsaye. Bayan ƙuri'ar raba gardama ta Fabrairu 1961, Arewacin Kamaru da ke hannun Ingila, yankin su Mubi da Gwoza da Dikwa da Mambila, ya zaɓi Najeriya, ya zama Lardin Sardauna. Ranar 30 ga Mayu 1961, saura kwana biyu haɗewar ta tabbata, Kamaru ta kai Ingila ƙara Kotun Duniya a Heg, cewa ta saɓa yarjejeniyar riƙon amana da ta riƙa mulkin yankin haɗe da Arewacin Najeriya. Ba ta nemi diyya ba, ba ta nemi a soke ƙuri'ar ba, furuci kawai ta nema cewa an yi ba daidai ba. A Disamba 1963 kotun ta ce Majalisar Ɗinkin Duniya ta riga ta rufe yarjejeniyar, hukuncin da ba zai sauya komai ba kuwa ba aikinta ba ne.

Almajirin Tuhfa: Allah ya saka. Abin nan ba baƙo ba ne a fiƙihunmu, ko da yake ba a faɗinsa da wannan suna. An san Imam Malik ba ya son tambayar abin da bai auku ba. Asadu ɗan Furat da ya yawaita masa "to in kaza ya faru fa", sai ya nuna masa hanyar Iraƙi, can ake wannan. Mufti ma ke nan, balle alƙali, wanda ba ya zama sai an kawo da'awa tabbatacciya, bayyananniya, a kan wani mutum sananne.

Amma abin da ya fi kama da maganar Hajiya shi ne babin fawati, wato kuɓucewar haja. Ciniki ɓatacce, asali a warware shi, kowa ya karɓi nasa. Idan hajar ta riga ta kuɓuce, dabba ta mutu, ko an sayar wa wani, ko an yi gini mai yawa a filin, Malikawa ba sa cewa magana ta ƙare, kowa ya tafi gida. Hukunci kan tashi daga kan hajar ya koma kan ƙimarta. Haƙƙi bai faɗi ba, siffarsa ce ta sauya. Inda magana kan ƙare da gaske shi ne irin riƙon yaro: riƙon ɗa namiji a mazhaba yana ƙarewa da balaga, don haka iyayen da suka ja shari'a tun yaro na da shekara goma sha ɗaya har gemu ya fara tsiro masa, ba sauran riƙon da za a ba wani. Sai dai in akwai bashin ciyarwa na shekarun baya da alƙali ya riga ya yanka, wannan yana nan a wuyan uba.

Baban Ummi: Allah gafarta Malam, to matar da kotu ta raba aurenta da hul'i, miji ya ɗaukaka ƙara, ita kuwa ta gama idda ta yi wani auren kafin a zauna?

Almajirin Tuhfa: Nan ne ake kuka da sakaci. Idda tsarki uku ce, abin wata uku, tattara kundin shari'a kaɗai daga ƙaramar kotu zuwa ta sama na iya cin fiye da haka. Ɗaukaka ƙara ita kaɗai ba ta tsayar da hukunci. Mijin da ke jayayya da rabuwar kanta dole ya nemi a dakatar da zartarwa tun a makon farko, a kuma sanar da matar da waliyyinta. In ya zauna har aka ɗaura wani aure aka tare, abin da ya saura a gaban kotun sama galibi shi ne adadin kuɗin hul'in, ko an yanka daidai ko an tauye shi.

Uwar Marayu: Wannan shi ne kashi na biyu na maganata, tsare abin rigima. Ranar da ka shigar da ƙara, ranar za ka shigar da roƙon umarnin hani, da takardar rantsuwa mai nuna cewa in aka bari abin ya auku kuɗi ba zai gyara ba, da alkawarin biyan diyya in ya zamana ka tsayar da mutane a banza. In abin na gaggawa ne ana neman odar wucin gadi ba tare da ɗaya ɓangaren ba, amma ranta gajere ne, kwana 7 ko 14 gwargwadon dokokin kotun, don haka dole a haɗa ta da roƙon da za a sanar da abokin shari'a. Kuskuren da aka fi yi shi ne jinkiri: an ba ka takardar rusau tun watan jiya, ka zo yau kana cewa gaggawa, alƙali zai ce gaggawar kai ka ƙirƙire ta.

Ku tuna canjin kuɗi. Wa'adin tsofaffin takardun naira 10 ga Fabrairu 2023 ne. Kaduna da Kogi da Zamfara suka samu odar Kotun Ƙoli ranar 8 ga wata, saura kwana biyu. Hukunci bai zo ba sai 3 ga Maris. Wannan odar ce ta sa maganar ta kai ranar hukunci da sauran numfashinta.

Haka in an yi gwanjon gida don biyan bashin hukunci: kwana 21 doka ta bayar daga ranar sayarwa a nemi soke cinikin saboda kuskure a yadda aka yi shi. Suka wuce, ciniki ya tabbata, mai saye ya karɓi takarda.

Ɗalibar Doka: Anti, to in wanda ake ƙara ya san akwai roƙo a gaban kotu, ya yi sauri ya rushe ginin da dare, ya zo da safe ya ce ƙara ta zama akademik fa?

Lauyan Zage: Ƙanwata, wannan kotu ba ta lamunta, kuma hujjar ita ce shari'ar Gwamnan Legas da Ojukwu ta 1986. Magana na gaban kotu a kan gidan Ikoyi, gwamnatin soja ta tura jami'ai ɗauke da makamai suka fitar da shi. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ba ta bi ba ta tafi Kotun Ƙoli neman a dakatar da odar, Kotun Ƙoli ta ƙi saurara mata. Abin da za ki roƙa shi ne umarnin tilasta mayar da al'amura yadda suke ranar da aka shigar da ƙara. In abin ba ya mayuwa, ki nemi izinin gyara takardar ƙara nan take ki ƙara buƙatar diyya, kada ki jira su kawo nasu roƙon. Mafi muni a tarihinmu shi ne Nasiru Bello a jihar Oyo, wanda aka zartar wa hukuncin kisa a 1981 alhali ɗaukaka ƙararsa na jiran sauraro. Ƙararsa ta tafi da shi, amma iyalinsa suka shigar da tasu, a 1986 Kotun Ƙoli ta ce kisan haramun ne, a biya su diyya.

In kuma fili ne aka sayar wa wani ana tsakiyar shari'a, mai sayen ya sayi rigima, hukuncin da ya fito zai hau kansa.

Ɗan Damagaram: Gaisuwa ga manya. A tsarin da muka gada daga Faransa, alƙalin da ke shari'a tsakanin mutum da hukuma kan ce ba sauran wurin yanke hukunci, ƙara ta rasa abin da ta dogara a kai. Amma majalisar shari'ar gwamnati ta Faransa ta yi wani bambanci mai kyau da zai amfani wannan zaure. Hukuma na iya janye matakinta tun daga tushe, kamar ba a taɓa yin sa ba, ko kuma ta soke shi daga yau zuwa gaba. In janyewa ce daga tushe kuma ta tabbata, ƙara ta ƙare. In sokewa ce daga yau, ƙara ba ta mutuwa sai in ba a taɓa aiki da matakin ba a kwanakin da ya yi. An rufe maka kanti wata huɗu sannan aka soke odar rufewa, wata huɗun nan ba su goge ba, alƙali zai duba su.

Malamin Jami'a: Madalla. Amurkawa kuma ta wajen nauyin hujja suka ɓullo. Wanda ya daina abu da kansa bayan an kai shi ƙara, shi zai tabbatar wa kotu cewa ba zai koma ba, kuma nauyin ba ƙarami ba ne. A 2024, Yonas Fikre da aka sa a jerin waɗanda aka hana hawa jirgi, hukumar FBI ta cire sunansa ta ce ba za a mayar ba bisa bayanan da ake da su yanzu. Alƙalai tara duka suka ce wannan "yanzu" ɗin ba ta wadatar ba.

Baban Ummi: To batun zaɓe fa? Can ne muka fi jin wannan magana.

Lauyan Zage: Zaɓe na da fuska biyu, mutane na cakuɗa su. Ta farko, an taɓa ɗauka cewa da zarar an kaɗa ƙuri'a, rigimar wane ne ɗan takarar jam'iyya ta mutu. Kotun Ƙoli ta rushe wannan. A Ribas PDP ta sauya Rotimi Amaechi da Celestine Omehia, aka yi zaɓe, aka rantsar da Omehia, ranar 25 ga Oktoba 2007 kotu ta ce Amaechi ne halastaccen ɗan takara, shi ne gwamna. A shari'ar Odedo da INEC a 2008 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce zaɓe ya riga ya wuce, ƙarar ta zama akademik, Kotun Ƙoli ta ce a'a, kujerar na nan, ana iya ba mai ita. Zamfara a Mayu 2019 ma bayan zaɓe ne aka soke ƙuri'un APC gaba ɗaya.

Fuska ta biyu agogo ne, kuma shi ba ya jin roƙo. Da can ba iyaka: Peter Obi ya yi kusan shekara uku kafin ya karɓi kujerar zaɓen 2003 a Maris 2006, Fayemi da Aregbesola sai ƙarshen 2010 suka karɓi na 2007. Shi ya sa aka gyara sashe na 285. Ƙarar zaɓe kwana 21 daga bayyana sakamako, hukunci cikin kwana 180 daga shigarwa, ɗaukaka ƙara a gama cikin kwana 60. Rigimar kafin zaɓe kuwa kwana 14 kacal daga faruwar abin. A shari'ar ANPP da Goni ta gwamnan Borno a 2012, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta sa a sake sauraron ƙara, Kotun Ƙoli ta ce kwana 180 sun cika, ba mai ƙara ko yini ɗaya, ba kuma a sake ƙirga daga farko. Can ba wai amfanin ƙarar ne ya ƙare ba, hurumin kotun ne ya ƙare, kujerar kuwa da sauran fiye da shekara uku a gaba. Don toshe masu jan lokaci ne aka ƙara cewa duk wata suka ta share fage a ajiye hukuncinta sai ranar hukuncin ƙarshe.

Wa'adi kuma ba a rama shi. Gwamna Ladoja na Oyo ya rasa wata goma sha ɗaya a tsigewar da kotu ta soke a 2006, ya nemi a ƙara masa su, Kotun Ƙoli ta ce shekara huɗu daga ranar rantsuwa take ƙirgawa.

Malamin Jami'a: Ka ga inda nake cewa da sauran gyara, Barista. Wanda kotu ta yarda an zalunta ya tashi da takarda, wanda ya ci wata goma sha ɗayan kuwa ya ci bulus.

Lauyan Zage: Wannan gyaran majalisa ne Dakta, ba na alƙali ba. In aka fara ƙara wa gwamnoni kwanaki, kowace jiha da ranar zaɓenta, kuma mun riga mun ga yadda jihohi takwas suka fita daga layi.

Ɗalibar Doka: Tambaya ta aiki: ta yaya ake gabatar da maganar a kotu, kuma ta yaya ake mayar da martani?

Uwar Marayu: Wanda ke cewa ƙara ta mutu shi zai kawo hujja. Roƙo ne a rubuce da sanarwa ga ɗaya ɓangaren, da takardar rantsuwa mai faɗin abin da ya faru da ranarsa, da shaidar takarda: wasiƙar janye mataki, takardar mutuwa, gazet ɗin da aka soke doka. In takardar hukuma ce, sai kwafin da aka buga wa hatimin tabbatarwa, hoton waya ba ya shiga. Lauya ya miƙe ya faɗa da baki kawai ba shaida ba ce, a nan da yawa ke zamewa. Kada kuma a cusa gardamar doka cikin rantsuwa, sashe na 115 na Dokar Shaida ta 2011 ya hana, ana iya soke sakin layin. Gardama a jawabin lauya take zama.

Mai martani kada ya tsaya kukan an ɓata masa lokaci. Ya ɗauki buƙatunsa ɗaya ɗaya ya nuna wadda ta rage: albashin watannin dakatarwa, kuɗin fansho da ya rataya a kan ko korar ta halatta, tabon hukuncin laifi da zai hana shi takara ko aiki ko da ya gama zaman gidan yari. Buƙata ɗaya mai amfani ta isa. In alƙali ne da kansa ya hango maganar, wajibi ne ya kira ɓangarorin su yi jawabi a kai kafin ya yanke, in bai yi ba wannan kaɗai dalilin ɗaukaka ƙara ne.

Mutuwa kuma ba ta kashe kowace ƙara. Ta ɓata suna na bin mai ita kabari. Ta fili da ta bashi magada ko masu kula da gado na neman a sauya suna su ci gaba, sai dai a yi da wuri kafin a share ta don rashin mai bi.

Ɗalibar Doka: Saura ɗaya. In a kotun sama ƙarar ta mutu, hukuncin kotun ƙasa fa, ya tafi da ita?

Baba Rajistara: Bai tafi ba. A nan hukunci na nan da ƙarfinsa har sai wata kotu ta soke shi, sharewar da aka yi a sama kuwa ba sokewa ba ce. Wanda ya sha kaye a ƙasa ya ci gaba da ɗaukar kayen, har da kuɗin ɗawainiyar da aka yanka masa.

Malamin Jami'a: Amurka ta yi wa wannan magani tun 1950: in ƙara ta mutu a hanya ba da laifin mai ɗaukakawa ba, ko wanda ya yi nasara a ƙasa ne ya kashe ta, sai kotun sama ta goge hukuncin ƙasan, don kada mutum ya ɗauru da hukuncin da aka hana shi ƙalubalanta. Haka aka yi a Janairu 2021 da ƙararrakin da ke zargin Trump da cin riba daga gwamnatocin waje ta otal-otal ɗinsa, kwana biyar bayan ya bar ofis.

Baba Rajistara: Mu dai ba mu da wannan a matsayin abin da ke zuwa da kansa, sai lauya ya roƙa ya kuma kawo dalili. Baban Ummi, in wani naka ne abin ya shafa, ya je rajista ya biya kuɗin kwafin odar mai hatimi, ya karanta kalmar da alƙali ya rubuta da ranar da ya rubuta ta. Daga ranar ake ƙirga wata uku na ɗaukaka ƙara in hukuncin ƙarshe ne, kwana 14 in na tsakiyar shari'a ne, ba daga ranar da magatakarda ya gama bugawa ba.